Shafin da Na Kasa Gyarawa

An tuge layin taragon lantarkin da ke ratsa unguwar Abbasiya a nan Alƙahira. Ran nan da safe na fito zan tafi shagon da nake ɗinkin littattafai, na tarar da ma'aikata suna ɗaga ƙarafan suna jibgewa a bayan babbar mota, ba wanda ya tsaya kallo sai ni da wani tsoho mai sayar da jarida. Ɗalibai 'yan ƙasarmu suna ta wucewa, kowa kansa a sunkuye kan waya, ɗaya har ya take min ƙafa ya ce, “Ma'alish, Baba,” bai ko ɗago ba. Ban ga laifinsu ba. Sun zo sun tarar da taragon ya riga ya tsufa yana tafiya yana nishi, ba su san lokacin da ƙararrawarsa ce agogonmu ba. Ni kuwa da na ga an ɗaga ƙarfen ƙarshe sai na tuna baya, don a kan layin nan na yi shekaru ina hawa duk Juma'a rungume da wani kwano mai koren murfi, kuma labarin kwanon nan har yau bai bar ni na huta ba.

A zamanin da muka zo karatu birnin nan da kunne ake sanin lokaci. Kafin rana ta fito mai dafaffen wake ya turo kekensa yana ƙwanƙwasa ludayi a bakin tukunya. Da hantsi mai tukunyar gas ya biyo yana buga sifana, sai mai sayen tsofaffin kaya ya ratso yana jan murya kamar wanda aka yi wa rasuwa, matan benaye kuma suna zuro kwando da igiya suna yi wa mai kayan miya tsawa daga sama. Mu biyar ne a ɗaki ɗaya, risho ɗaya, bokiti ɗaya. Ranar girkina kowa yakan tuna yana da aboki a wata unguwa, don tuwon da nake tuƙawa da garin alkama ko bango aka jefa da shi sai ya dawo. Wasiƙar gida a kaset muke yin ta, mu kulle ƙofa mu yi ta gaisuwa ɗaya bayan ɗaya har kaset ya cika, sai bayan wata biyu amsa ta zo, mu zauna mu saurari carar zakaran gidanmu a bayan muryar iyaye. Yanzu yaro yana tsaye a layin burodi yana kallon fuskar uwarsa a waya, yana ce mata ta jira zai kira ta an jima. Tun shekarun nan da gari ya rikice ma sai birnin ya ƙara yin nisa da wanda na sani. An gindaya katangun siminti a titunan Wustul Balad, wato tsakiyar birni, wuta ana ɗaukewa rana tsaka, mutane sun koyi rage murya in suna hira a shagon shayi.

Gatanmu a wancan lokacin wata tsohuwa ce da kowa ke kira Hajja. Cikin Hausawan Sudan take, irin waɗanda iyayensu suka taso daga ƙasarmu a ƙafa za su Makka, tafiya ta yi tsawo suka zauna a hanya. Ita a goye aka fito da ita. Da tsufa ya zo ta biyo autarta nan, suka kama ɗaki biyu a bayan masallacin unguwarmu. Duk Juma'a kafin salla mukan taru a gidanta, ta zubo mana dambun nama mai barkonon da ke sa mutum hawaye, tana zaune tana harararmu. “Ku ci ku ƙoshi,” takan ce, “ban son ganin ƙashin wuyan ɗan mutane.” Ni take kira ɗan nan, ni kuma ina ce mata Iya, kuma ni ta fi aika don ni ne mai ƙarancin surutu.

A lokacin ne kuma na haɗu da wani Bature a gidan waya, ina layin aika kaset. Dogo ne, siriri, kansa fari fat, ga tari da ba ya barinsa ya kai ƙarshen magana. Ya ji muna Hausa da wani abokina ya matso ya tambaya da Turanci ko wane yare ne wannan. Da na faɗa masa sai ya riƙe hannuna kamar ya tsinci ɗan'uwansa, ya ce wata biyu ke nan yana neman mai jin yaren. Mutumin Suwidin ne, marubucin littattafan labari da na fim. Likita ne ya ce masa ƙirjinsa ba zai ƙara ɗaukar sanyin ƙasarsu ba, shi ya sa duk hunturu yake zuwa ya sauka a wani tsohon masauki a Wustul Balad, hawa na biyar, mai lif ɗin da yakan tsaya tsakanin bene da bene ya yi tunani. 'Yan ɗakinmu suka raɗa masa Kawaja, yadda Misirawa ke kiran Bature, shi kuma ya riƙa ce min Ustaz, ni da ko gemun kirki ban tara ba. Ba zan ɓoye ba, sunan ya yi min daɗi.

A hankali na san rayuwarsa, don mutum ne mai ba da labarin kansa gutsure-gutsure. Ubansa ma'aikacin tashar jirgin ƙasa ne a wani ƙauye can arewacin ƙasarsu, inda ya ce da hunturu rana takan leƙo ne kawai ta koma. Ya yi shekaru a gidan jarida yana gyaran kurakuran wasu, dare da rana cikin warin tawada. Littattafansa biyu na farko ba wanda ya kula su. Sai da ya fara rubuta wa talabijin labaran 'yan sanda da ɓarayi sannan aka san shi, har a titi ana tsayar da shi, shi kuwa yana jin kunyarsu. Yakan ce waɗannan don ciki yake yin su, littattafan kuma don kansa. A lokacin da muka haɗu so yake ya rubuta fim a kan mutanen da suka ratsa nahiya a ƙafa saboda aikin hajji, don ya ce bai taɓa jin tafiyar da ta kai wannan ba.

Yadda yake aiki kuwa sai wanda ya gani. Ya ɗaura igiyar shanya daga taga zuwa ƙofa, kowane yanki na labari ya rubuta shi a ɗan kati ya maƙale a igiyar da maƙalin shanya. Sai ya yi ta kai da kawo a ƙarƙashinsu yana ciro wannan yana mayar da wancan gaba, kai ka ce mai wanki ne yake duba abin da ya bushe. Daga asuba zuwa azahar keken rubutunsa ba ya shiru. Kuma yana da wata doka da yake alfahari da ita, wadda ya ce tun gidan jarida ya taso da ita. Ba ya buga kalma ɗaya a kan mutum mai rai sai ya karanta wa wanda ya san mutumin, ya tambaye shi sau uku ko daidai ne. “Ustaz, in na yi kuskure ka tsayar da ni,” ya ce min tun ranar farko. “Ba na fushi da gyara. In ka bar ni na wuce, zan ɗauka gaskiya na rubuta.” Na ce masa to, yadda muke ce wa kowane babba to.

Na kai shi wurin Hajja wata ranar Talata bayan la'asar. Ta shimfiɗa masa darduma, ta ba shi shayi, ta yi ta kallon dogayen ƙafafunsa da ya rasa yadda zai lanƙwashe. Ta ba shi labarin tafiyar yadda ta ji daga bakin uwarta, da garuruwan da aka tsaya aka yi noma shekara guda kafin a ci gaba, da kaburburan da aka bari a hanya. Ina fassarawa yana rubutu. Can sai ya ce in tambaye ta 'ya'yanta nawa.

“Allah ya ba ni biyar,” ta ce, ta lissafo sunaye.

Kawaja yana ƙirgawa da yatsu. Ya ɗaga hannu, babban yatsa a miƙe. “Huɗu ta faɗa. Saura ɗaya.”

“Iya, wai saura ɗaya,” na ce, kaina a ƙasa.

Ta gyara mayafi ta kalli bango. “Wancan yana Giza.”

“Mene ne sunansa?”

Ta ɗauki butar shayi ta tambaye ni ko baƙon yana son ƙarin sukari. Ya sake tambaya, ta sake yin kamar ba ta ji ba, na ga ya ja dogon layi a ƙarƙashin wani abu a littafinsa.

Ni na san abin da ke faruwa, don ni ma ɗan fari ne. Uwata har ta koma ga Allah ba ta taɓa kama sunana ba, ba ta taɓa yi min dariya a gaban mutane ba, kuma ban taɓa kwana ina shakkar cewa ta fi kowa sona ba. A garinmu ko yaro ya san wannan kunyar. Amma wancan na Giza bai taso a inda aka san ta ba. Tela ne, muna kiransa Usta yadda ake kiran masu sana'a a nan. Ana yaye shi baffansa ya ɗauke shi riƙo yadda aka saba yi da ɗan fari, sai dai baffan Balarabiya yake aure, ya kuma ƙaura da su Masar. Usta ya girma cikin Larabawa, inda uwa ke rungume ƙaton ɗanta a bakin titi tana kiransa hasken idonta, har ma a riƙa kiranta da sunansa, uwar wane. Hausarsa ma guntu-guntu ce. Da ya ji uwarsa ta iso birnin, bayan shekaru kusan arba'in, ya rufe shago ya zo da gudu da 'ya'yan itace cike da hannu. Ta amsa gaisuwarsa a taƙaice fuskarta a gefe, ta tambayi autarta ko an ba baƙo ruwa. Daga ranar bai ƙara zuwa ba sai da salla, ya tsaya daga bakin ƙofa ya gaishe ta ya juya.

Tari ya sarƙe Kawaja a ranar, ya fita baranda. Hajja ta matso ta rage murya. “Wannan Baturen ba shi da ta ido. Ya za a yi in kama sunan ɗan fari da bakina, a gaban baƙo? Ɗan nan, tun ranar da aka sauke shi daga bayana ban taɓa sa abu mai daɗi a baki ban tuna shi ba.” Ta share ido da gefen mayafi, ta nuna ni da yatsa. “Kul na ji wannan a bakin wani.”

Ai ko ba ta faɗa ba na sani, don ni ne mai kai kwanon. Duk Juma'a dambu kashi biyu take yi. Namu mai barkono, sai wani ɗan kaɗan da ba ta sa masa ko ƙwaya, ta zuba a kwano mai koren murfi ta ɗaure da tsumma. Ta taɓa gaya min cewa yana ɗan shekara biyu ya lashi miya mai yaji leɓensa ya kumbura har ta zaci zai mutu. Bayan salla in hau tarago, in sauka in kama bas in haye kogi zuwa Giza, in miƙa wa Usta in ce sadakar Juma'a ce daga matan unguwarmu, don haka ta ce in faɗa. Yakan ci a shago, ya wanke kwanon a famfon bayan shagon ya miƙo min.

Sati biyu bayan ziyarar, da safe, Kawaja ya zaunar da ni ya ce zai karanta min abin da ya rubuta. Ya ce labarin tafiyar ya koma gefe, ya sami abin da ya fi shi. Ni ne dai na gaya masa a hanyarmu ta komawa cewa na Giza tela ne, baffansa ya riƙe shi, da irin karɓar da ta yi masa, ban ƙara komai ba. Ya riƙa karantawa da yarensu yana juya min da Turanci. Wata uwa ce da ta ba da ɗanta don ta rage kaya a hanya, ta kuma binne sunansa don kada ya dame ta, har ya zo gabanta da girmansa ta kasa dubansa saboda ba ta da abin da za ta ba shi. Rubutun ya yi kyau, wannan kam ba zan hana shi ba. Da ya gama ya cire tabarau ya gaya min abin da bai taɓa gaya min ba. Yana da ɗa namiji. Yaron yana shekara bakwai ya bar su da uwarsa ya kama ɗaki shi kaɗai, wai hayaniyar gida tana hana shi rubutu. Shekara ashirin ke nan, in aka tambaye shi ko yana da 'ya'ya sai ya canza magana. “Na san shirun matar nan, Ustaz,” ya ce, hawaye na bin fuskarsa. “Irin nawa ne. Shirun wanda ya yar da ɗansa ne.”

Sannan ya tambaye ni ko daidai ya rubuta. Na ce haka ne. Ya sake tambaya, na ce haka ne. Ya dafa kafaɗata ya tambaya na uku, na kalli katunan da ke lilo a igiya na ce haka ne.

Na yi shekaru ina tara wa kaina dalilai. Hajja ta ce kul. Kuma a yadda aka rene ni, yaro ba ya duban mai furfura yana kuka ya ce masa bai gane ba, ko da kuwa mai furfurar ne ya roƙa. In babba ya ce a gyara masa, mu a wurinmu kawaici ne irin na manya, ba a ɗaukarsa da gaske. Duk wannan gaskiya ne, amma akwai sauran da ba na son faɗa. Na ji kunyar in bayyana wa Bature al'adarmu ya ga kamar ƙauyanci ce. Na kuma ji tsoron ya daina kirana Ustaz. Na ce a raina, littafi ne da za a buga da yaren mutanen ƙarshen duniya, wa zai karanta shi a Giza? Ai ba sai na karya alƙawarin Hajja ba ma. Da na ce masa kawai a ƙasarmu uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, da magana ta ƙare.

Da zafi ya fara ya tattara katunansa ya tafi, bai kuma sake dawowa ba. Ya aiko min da kati sau biyu, a na biyun ya ce fim ɗin bai yiwu ba tukuna, amma ya mayar da labarin littafi. Hajja ta rasu bayan 'yan shekaru. Usta ya zo jana'iza ya tsaya a sahun baya, idonsa a bushe, na gan shi na kuma kasa ƙarasawa wurinsa, ina ganin maganar uwa da ɗa ba tawa ba ce. Na gama karatu, na yi aure a nan, na buɗe shago, na yi furfura. In mun haɗu da Usta a wurin suna ko ta'aziyya mukan gaisa mu rabu.

Sai a shekarun nan na rikici, da ƙananan maɗaba'u suka yi yawa suna fassara littattafan ƙasashen waje, wata rana ina duba tsofaffin littattafai a bakin titi a Wustul Balad na ga wani sabo da hoton mace ta juya baya. Na ɗaga don in ga ɗinkinsa, irin halin masu sana'armu, sai na ga sunan Kawaja da haruffan Larabci. A bayan littafin an rubuta cewa shi ne ya fi duk littattafansa karɓuwa, har an yi fim da shi a can. Na buɗe shafin farko. Godiya ce ga wani ɗalibi Bahaushe a Alƙahira, wanda ya saurari kowane shafi bai sami abin gyara ba. Bai sa sunana ba, amma na san ni ne.

Na sa wani ɗalibi ya nemo min adireshin maɗaba'ar can, na rubuta doguwar wasiƙa na bayyana komai. Amsa ta zo bayan wata guda, daga ɗan Kawaja. Ya ce mahaifinsa ya daɗe da rasuwa. Ya ce a ranar da ya gama rubuta littafin nan ne ya buga masa waya karon farko cikin shekara ashirin, kuma a hannunsa ya cika. Ya yi min godiya mai yawa, ya ce ba shi da ikon taɓa kalma ɗaya a aikin mamaci. Na ninke wasiƙar na sa a aljihu, ban san ko murna zan yi ko kuka ba. Ƙaryata ta gyara wani gida a ƙasar da ban taɓa gani ba. Na yi ta addu'a kada littafin ya haye kogi zuwa Giza, maimakon in tashi in haye da kaina.

Ya haye. Wata rana da azahar wata matashiya ta tsaya a ƙofar shagona, ta ce ita 'yar Usta ce, tana karatu a babbar jami'ar Giza, ta kira ni Ammu yadda ake kiran baffa a nan. “Ammu, Baba ne ya ce in zo da kai. Ba shi da lafiya, idonsa ma ya tafi. Ni na karanta masa wani littafi, ban san abin da ke ciki ba. Tun ranar ba ya cin abinci sosai.” Na rufe shago na bi ta, muka shiga jirgin ƙarƙashin ƙasa.

Mun tarar an ɗauke wuta, ɗakin ya yi zafi, yana kwance ya rame, littafin a gefen matashinsa. Na gaishe shi ya amsa, Larabci da Hausa a cakuɗe yadda ya saba.

“Ustaz, an karanta min. Tela a Giza, wanda baffansa ya riƙe. Ba sai an faɗa min ko wane ne ba.”

“Usta, ba haka abin yake ba. Kunya ce irin ta mutanenmu. Uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, ba ta dubansa a gaban mutane. Ni ma haka tawa ta yi min.”

“Na sha jin wannan,” ya ce. “Duk wanda ya ji tausayina sai ya ce kunya ce, har na fara yarda. Amma ga shi a rubuce, kai ka zauna da ita, kai ka ji maganarta da yarenta, aka karanta maka ka ce tamam, daidai ne. To da wa zan yarda, kai na da ko kai na yanzu?”

Yarinyar tana yi masa fifita da kwali tana kallona. A raina na ce Iya ki yafe min, alƙawarin nan ya isa haka.

“Ka tuna kwano mai koren murfi?”

“Sadakar matan unguwarku.”

“Ka taɓa jin barkono a ciki?”

Ban jira amsarsa ba na ci gaba.

“Bahaushiya ba ta dambu babu yaji, Usta. Namu har hawaye yake sa mu. Wace mata ce a Abbasiya ta san leɓenka yana kumbura in ka ci barkono? Wa ya gan ka kana ɗan shekara biyu?”

Na ga hannunsa yana lalube a kan zanin gado. Na gaya masa abin da ta faɗa min ranar da Baturen ya fita baranda, kalma bayan kalma, da Hausa, sannan na juya wa yarinyar da Larabci. Da ya buɗe baki muryarsa ta zama ta wani daban.

“Wayam nake ba ka shi. Ko a nan ba a mayar da kwano wayam. Ni tela ne, Ustaz. Ko ɗankwali ɗaya ban taɓa ɗinka mata ba.” Sai ya tambaya, “In ka mayar mata, me take cewa?”

“Takan buɗe murfin ta shafa cikinsa, ta tambaye ni wa ya wanke. In na ce kai ne da hannunka, ba ta ƙara wanke shi. A ciki take cin abincinta har wata Juma'ar.”

Ya juya fuskarsa bango. Kafaɗunsa suna girgiza, yarinyar ta ajiye kwalin ta rungume shi tana kuka tana kiran Baba. Na zauna a gefen gado kamar wanda aka dasa. A waje mai tukunyar gas yana wucewa yana buga sifanarsa, sautin da na daɗe ban lura da shi ba. Da ya lafa ya ce a ba ni biro in rubuta gaskiyar a gefen shafin, don jikokinsa. Na rubuta, ni da na yi shekara talatin ina datse gefen littattafai don su yi tsaf. Kwafi ɗaya ke nan na gyara, sauran suna can a bakin titi da ɗakunan mutanen da ba zan taɓa sani ba.

Da na tashi tafiya na kama hannunsa. Bai ƙwace ba, bai kuma riƙe nawa ba. Ban sake ganinsa da rai ba, don bai kai hunturun shekarar ba, kuma maganar da ya yi min a lokacin ita ce ta ƙarshe tsakaninmu.

“Tana raye ka sani. Ta rasu ka gan ni a wurin jana'iza. Shekara talatin kana yawo da wannan a bakinka, ina nan tsallaken kogi.”

Na buɗe baki in kawo uzuri, na duba duk waɗanda na tara ban sami ko ɗaya mai amfani ba. Na ce masa haka ne.